Dutse mai siffar harsashi daga rijiya a ƙasar Gwandu: belemnait ne ko marmara?

Malamin Aji Shida: Assalamu alaikum jama'ar wannan zaure. Ga hoton wani dutse da ɗalibina ya kawo makaranta. Mahaifinsa mai haƙar rijiya ne, ya ce a wani ƙauye kusa da Gwandu suka fito da shi, sun yi nisa da haƙa. Tsawonsa bai wuce yatsa ba, gefe ɗaya tsini, ɗaya gefen da ɗan faɗi, sak harsashin bindiga. Launinsa ja ne mai duhu. Na duba a intanet sai na ga hotunan wani abu wai shi belemnait, ragowar wata dabbar teku da ta ƙare tun tuni, kuma kamannin sun yi yawa. Masana, shi ne ko ba shi ba ne? Ina so in ba yara amsa ranar Litinin.

Baba Mai Rijiya: Wa alaikumus salam Malam. Wanga dutsi mun saba ganin irinai in munka kai ga jan yashi. Wasu na da rami a ciki, wasu babu. Mu dai zubar da su muke yi, yara su kwashe su yi harbin tsuntsu da su.

Sarkin Gardama: Gatarin aradu ne kawai. Ku tambayi kowane tsoho.

Malamar Kimiyya: Yaya Sarki, gatarin aradu daban yake. Shi faffaɗa ne, mai baki a goge, kuma mutanen da ne suka sassaƙa shi da hannunsu kafin a san ƙarfe. Sai dai ba kai kaɗai ka taɓa faɗin haka ba. Manoman Ingila da Jamus sun daɗe suna tsintar belemnait a gona bayan ruwan sama, suna cewa tsawa ce ta jefo shi. Alhali ruwa ne ya wanke ƙasar da ta rufe shi.

Ɗalibar Duwatsu: Malam, barka da ƙoƙari. Kafin a yi nisa, a yi wa dutsen gwaji biyu. Na farko, a duba gefen mai faɗi. Belemnait na gaske yana da rami mai siffar mazurari a wannan gefen, yana tsukewa yana shiga ciki. Na biyu, in yaron ya yarda, a karya shi a tsakiya. In belemnait ne za a ga siraran zare-zare masu ƙyalli sun taso daga cibiya sun nufi baki ta kowane ɓangare, sannan ga zobba a jere, ƙarami a cikin babba. Launin cikin yakan zama ruwan zuma ko toka-toka. Ma'adinin da ya gina shi kalsait ne, irin na dutsen da ake yin siminti da shi, don haka in aka kankare garinsa aka ɗiga ruwan tsami mai ƙarfi zai yi ɗan kumfa. In kuwa aka karya aka ga ƙwayoyin yashi manne da juna da jan abu mai kama da tsatsa, to marmara ce.

Amma ni tun kafin a karya zan iya sa hannu cewa ba shi ba ne. Ba don hoton ba, don wurin da aka samo shi.

Sarkin Gardama: To fa. Ba ki taɓa dutsen ba, ba ki auna shi ba, kin yanke hukunci daga ɗakin kwanan ɗalibai. Kuma ba ku ne kuke ce mana da can teku ce a nan ba? In teku ce, me zai hana dabbar teku?

Ɗalibar Duwatsu: Yaya, teku ta zo nan, gaskiya ne, amma ba koyaushe ba, kuma ba ko'ina ba. Bari in jero yadda ƙasarmu ta kwanta.

Belemnait ya bayyana a ƙarshen zamanin Tirayasik, sama da shekaru miliyan 200 da suka wuce, ya yi tashe a Jurasik da Kiritashiyos, ya ƙare shekaru miliyan 66 da suka wuce tare da dainoso, manyan dabbobin nan na da masu kama da ƙadangaru. Saboda haka dutsen da zai ɗauke shi sai ya cika sharaɗi biyu: ya kwanta a cikin wannan tsakanin, kuma a ƙarƙashin ruwan teku ya kwanta.

Yanzu ɗauki ƙasar da ke ƙarƙashin Gwandu, Birnin Kebbi da Argungu. Yashi da yumɓun nan da Baba yake haƙa, masana suna kiransu shimfiɗar Gwandu, da sunan garin. Ba su fara kwanciya ba sai daga zamanin Iyosin, wanda ya fara shekaru miliyan 56 da suka wuce. Wato belemnait ya yi aƙalla shekaru miliyan 10 da ƙarewa kafin ƙwayar farko ta wannan yashin ta sauka. Kuma ma koguna da tafkuna ne suka zuba shi, ba teku ba. Sharuɗɗan biyu duk sun faɗi.

Shimfiɗar Illo, can wajen Bagudo, da 'yar uwarta ta Gundumi, shekarunsu sun dace, sun girmi ta Gwandu nesa ba kusa ba. Amma su ma na ruwan daɗi ne. Abin da ake samu a cikinsu itatuwa ne da suka koma dutse.

Dutsen siminti na Kalambaina a Sakkwato na teku ne tsantsa, cike yake da kwanson dodon koɗi da sauran ƙananan halittun ruwan gishiri. Sai dai na zamanin Faliyosin ne, bayan ƙarewar ta auku.

Bazamfare: Mu fa a Zamfara? Ko'ina haƙa ake yi, daga Anka har Maru. Ba a taɓa cin karo da irin wannan ba?

Injiniyan Burtsatse: Ɗan'uwa, ku cire rai. Duwatsun da ake neman zinariya a cikinsu a Anka da Maru, haka na Gusau, haka na Zuru da Yawuri a kudancin Kebbi, tsohon ginshiƙin ƙasa ne, sun haura shekaru miliyan 500. Wasu daga narkakken dutse suka daskare, wasu zafi da matsi sun dafa su sun sauya musu kama. Mu masu burtsatse mun san bambancin a jikin injinmu: a Birnin Kebbi bakin haƙa yana tafiya cikin yashi da yumɓu sumul, a Gusau kuwa sai an sa guduma mai aiki da iska. Babu ragowar dabba da za a samu a irin wannan dutsen.

Sarkin Gardama: Ɗaliba ta tsallake ɗaya da gangan. Ina Dukamaje? Na san an haƙo ƙatuwar dabbar ruwa a can.

Ɗalibar Duwatsu: Ban tsallake ba, ajiye ta na yi don ita ce mai wuyar. Shimfiɗar Dukamaje, wajen Gwaranyo da Wurno, ta cika sharuɗɗan nan biyu. Ta kwanta a ƙarshen Kiritashiyos, tsakanin shekaru miliyan 72 da 66, lokacin da wani reshen teku ya ratso Sahara daga arewa ya malalo ta Mali da Nijar har zuwa ƙasar Sakkwato. A can aka samo ƙasusuwan ƙaton ƙadangaren teku da aka raɗa wa Goronyosaurus, da sunan Gwaranyo, da kadan da aka kira Sokotosuchus, da haƙoran kifaye, da amonait, wato ɗan'uwan belemnait mai naɗaɗɗen kwanso.

To a nan sharaɗi na uku yake shigowa. A wancan lokacin belemnait ya riga ya janye daga tekuna masu ɗumi na tsakiyar duniya. Ya rage ne a ruwa mai sanyi-sanyi: arewacin Turai da Amurka ta Arewa a sama, sai wajen Antatika da Niyu Zilan a ƙasa. Tekunmu kuwa marar zurfi ce, mai zafi, har gishirin jifsam take bari in ta ƙafe. Ba gidansa ba ne. A Afirka in ana neman belemnait sai a nufi gabas, Tanzaniya, Habasha, Madagaska, inda akwai duwatsun tekun Jurasik da farkon Kiritashiyos.

Uwar Biyu: Ni duk kun bar ni a baya. Wace irin dabba ce ma tukuna? Kifi ne? Wannan tsinin haƙorinta ne ko ƙahonta?

Malamar Kimiyya: Hajiya, ba kifi ba ne, ba shi da ƙashin baya. Danginsa na yau su ne sikwid da oktofas, dabbobin tekun nan masu taushin jiki da hannuwa a kewaye da baki. Jikinsa dogo ne, ido manya, hannuwa goma, kuma a jikin kowane hannu akwai ƙananan ƙugiyoyi jere biyu-biyu na cafke abinci. Yana tafiya ne ta hanyar zuƙar ruwa ya feso shi da ƙarfi, sai jikin ya yi baya.

Tsinin da ake tsinta ba haƙori ba ne, a cikin jiki yake, can wajen wutsiya, nama ya rufe shi. Ƙashin nasa kashi uku ne. Akwai wannan tsinin mai nauyi. A cikin ramin nan da Ɗaliba ta ambata akwai wani kwanso mai siffar mazurari da aka raba ɗaki-ɗaki, da siririn bututu da ya ratsa ɗakunan, dabbar tana rage ruwa ko ta ƙara a cikinsu. Sai wani siririn faranti da ya miƙe ta baya ya tallafi jiki.

Kin ga masunta a bikin kamun kifi na Argungu, yadda mutum yake kwanciya a kan gora ta ɗauke shi a saman ruwa? To kwanson mai ɗakuna shi ne gorarsa, sai dai tasa a cikin jiki take. Matsalar ita ce in abin da ke ɗaga ka yana baya, kai da hannuwa masu nauyi suna gaba, kifewa za ka yi. Shi ya sa yawancin masana suke ganin aikin tsinin shi ne ya danne bayan, jiki ya daidaita a kwance.

Dalilin da ya sa shi kaɗai ake yawan samu kuwa, shi ne mafi tauri. Nama ya ruɓe, kwanson mai ɗakuna siriri ne ya farfashe, tsinin ya rage.

Uwar Biyu: To in nama ya ruɓe, wa ya ƙirga hannuwan har ya ce goma ne? Kada dai zane ne kawai na masu hasashe.

Malamar Kimiyya: Tambaya mai kyau, Hajiya. Akwai 'yan wurare da dabbar ta faɗa cikin taɓon da babu iskar shaƙa a ƙasan teku, babu abin da zai ci gawar. Mafi shahara shi ne Holzmaden a kudancin Jamus, baƙin dutse mai ɓarewa falle-falle na kimanin shekaru miliyan 180. A can an samu belemnait da shatin jikinsa, ƙugiyoyin suna jere yadda hannuwan suke, har da jakar tawada. E, yana da tawada, yana fesa ta ya ɓace wa maƙiyi. A garin Laim Rijis na Ingila, Mary Anning, matar da ta shahara da tono irin waɗannan abubuwa, ta samu jakar tawadar wani ɗan dangin belemnait a 1826, ƙawarta Elizabeth Philpot ta jiƙa busasshiyar tawadar da ruwa ta yi zane da ita.

A Holzmaden ɗin dai an samu wani kifin shak mai suna Hybodus da tsinin belemnait kusan 100 cunkushe a cikinsa, ana ganin su suka kashe shi. Manyan dabbobin ruwan nan da ake kira iktiyoso kuwa, ƙugiyoyin ake yawan samu a cikinsu, tsinin ba sosai ba.

Yawancin tsinin da ake tsinta ba su wuce tsawon tafin hannu ba. Amma akwai wani nau'i, Megateuthis, da nasa ya haura santimita 40, dabbar kanta ana ƙiyasta ta kai mita 2 ko fiye.

Alaramman Zaure: Tawadar da ta shekara miliyoyi kuma ta yi rubutu! Mu tamu in ta kwana biyu a kurtu sai an ƙara ƙaro. Amma ina da magana. Waɗannan miliyoyin da kuke ta ambata kamar kuɗin kasafi, wa ya ƙirga? Me zai hana a ce duk ragowar ruwan ɗufana ne na zamanin Annabi Nuhu, alaihis salam?

Injiniyan Burtsatse: Allah ya gafarta Malam, ni ba zan shiga fagen tafsiri ba, naku ne. Abin da nake gani a ramin burtsatse zan faɗa. Ƙasar nan hawa-hawa take: yashin kogi, a kansa yumɓun teku, a kansa yashi kuma, sai wani yumɓun teku, sai farin dutse mai kwanson halittu, sai yashin kogi a sama. Kowane hawa da irin halittunsa, ba sa cakuɗuwa. A wasu hawan akwai jifsam, wanda ba ya samuwa sai ruwan gishiri ya ƙafe a hankali. Ambaliya guda ba ta barin irin wannan tsari. Shekarun kuma ana auna su ne da ma'adinai irin su yuraniyom da ke rikiɗewa zuwa dalma a kan ƙa'idar da aka sani, a tokar aman wuta da ke tsakanin hawa da hawa. Kuma ba Turawa kaɗai suka yi wannan tunanin ba. Al-Biruni, wani masani Musulmi, kusan shekaru 1000 da suka wuce, ya duba duwatsun kwarin Indiya ya ce wurin teku ne da koguna suka cike da ƙasa.

Alaramman Zaure: Na ji, Injiniya. Aya ta 20 a Suratul Ankabut ma umarni ne a yi tafiya a bayan ƙasa a duba yadda aka fara halitta. Ban hana dubawa ba. Lissafin ne dai zan ci gaba da riƙe shi da hannu biyu.

Sarkin Gardama: To mun ji, babu shi a Kebbi, babu shi a Zamfara, ba a cin sa, ba a sayar da shi da tsada. Me ya sa za a cika wa yaran aji shida kai da shi?

Ɗalibar Duwatsu: Yaya, ashe ba ka san da shi ake kama masu algus a zuma ba.

Bari in fara daga farko. Tsinin nan a hankali dabbar take gina shi, zobe bayan zobe, da abin da ta ɗebo daga ruwan teku. Iskar oksijin iri-iri ce, akwai mai nauyin 16, akwai mai nauyin 18. In ruwa yana da sanyi, mai nauyin 18 ya fi shiga cikin kalsait, in da ɗumi ya ragu. Harold Urey na Jami'ar Shikago, wanda ya ci kyautar Nobel a 1934, shi ya gano za a iya mayar da wannan ma'aunin zafi. A 1951 shi da abokan aikinsa suka yanka wani belemnait na zamanin Jurasik daga tsibirin Skai na Sikotilan, suka auna zobbansa ɗaya bayan ɗaya. Suka ce ruwan da ya rayu a ciki yana hawa da sauka da kimanin digiri 6, matsakaicinsa wajen digiri 17 zuwa 18, kuma dabbar ta yi kusan shekara huɗu. Daga baya wasu sun ja da batun shekarun, yanzu an fi karkata ga cewa belemnait bai cika wuce shekara ɗaya zuwa biyu ba. Amma hanyar ta zauna, da ita ake karanta zafin tekunan da har gobe.

Wajen yin waɗannan awo sai an sami abu guda da kowa zai gwada nasa da shi. Suka zaɓi niƙaƙƙen garin wani belemnait, Belemnitella americana, daga gaɓar kogin Pee Dee a jihar Karolaina ta Kudu a Amurka. Shi ne ma'aunin da ake kira PDB. Asalin niƙaƙƙen garin ya ƙare tuntuni, aka kafa madadinsa a birnin Biyana na Austiriya, ana kiransa VPDB, amma sifilin ma'aunin yana nan a kan wannan dabbar.

Ga inda zuma ta shigo. Kabon ma iri-iri ne, akwai 12 akwai 13. Rake, masara, gero da dawa suna ɗaukar kabon 13 fiye da shinkafa, alkama, wake da yawancin itatuwan da ƙudan zuma ke bi. In aka auna a kan wancan ma'aunin, na farko suna faɗawa wajen 12 ƙasa da sifili, na biyun wajen 27 ƙasa da sifili. Zumar da aka dama da sukarin rake sai awonta ya karkata, ko da harshe bai gane ba. Da irin wannan awon ake gane ɗan wasan da ya sha sinadarin ƙara kuzari na roba, da shi kuma ake duba tsohon ƙashi a san ko gero mai shi ya fi ci ko shinkafa.

Uwar Biyu: Ikon Allah. Da za a kawo injin nan kasuwar Jega da an ga tsiya.

Malamin Aji Shida: Jama'a, yaron ya yarda mun karya shi da yamman nan. Babu zare, babu zobba. Yashi ne ja manne da juna, da siririn rami a tsakiya daga sama har ƙasa. Na ɗiga ruwan tsami, shiru.

Injiniyan Burtsatse: Marmara ce, Malam. Ruwa mai ɗauke da ƙarfe ne ya taru a kewayen saiwa ko ramin wani ƙwaro, ya daskarar da yashin wurin, saiwar ta ruɓe ta bar ramin. Kada a yar, shi ma darasi ne. Baba, roƙona gare ku masu haƙa: in kun ci karo da abin da ya yi kama da ƙashi, haƙori ko kwanso, ku riƙe sunan wurin da zurfin da ya fito. In babu wannan, rabin amfaninsa ya tafi.

Baba Mai Rijiya: In sha Allahu ɗana. Zurfi kam ba mu mantawa, da shi aka biyanmu.

Bazamfare: Tambaya ta ƙarshe daga ni. An ce ya ƙare tare da dainoso. To me ya sa sikwid da oktofas suna nan, shi babu?

Malamar Kimiyya: Abin da ya faru shekaru miliyan 66 da suka wuce shi ne wani dutse mai faɗin kusan kilomita 10 ya faɗo daga sama a Yukatan ta Meziko, ya bar rami mai faɗin kusan kilomita 180. Ƙura da hayaƙi suka tare rana, ƙananan tsirran saman teku suka ragu ƙwarai, ruwan saman ya ƙara tsami. Belemnait da amonait ƙananan ƙwai suke yi masu yawa, 'ya'yan suna ƙyanƙyashewa mitsi-mitsi suna yawo a saman ruwa, daidai inda abinci ya yanke, ga shi kuma suna buƙatar gina kwanso a ruwan da ke cin kwanso. Bayanin da ya fi karɓuwa ke nan. Notilas, ɗan'uwansu mai kwanso da har yau yake raye a tekun Fasifik, manyan ƙwai yake yi kaɗan, ɗansa ya fito da girmansa, kuma a ruwa mai zurfi yake kiwo. Kakannin sikwid da oktofas kuwa sun riga sun rage nauyin ƙashin cikinsu ko sun rabu da shi. Kuma kada a manta abin da Ɗaliba ta faɗa ɗazu, belemnait ya riga ya takure a 'yan yankuna kafin dutsen ya faɗo.

Sarkin Gardama: Wato notilas ya tsira. To shi akwai shi a duwatsunmu, ko shi ma za ku ce ba gidansa ba ne?

Ɗalibar Duwatsu: Shi kam akwai danginsa, Yaya. A farin dutsen Kalambaina ake samunsu, naɗaɗɗu, in an fasa a ga ɗakunan a jere. Malam, in makaranta za ta iya ɗaukar nauyin mota zuwa Sakkwato, a nemi izini a kai yaran wajen da ake fasa dutsen, a tafi da ruwan sha da yawa, kuma a je da rani kafin ramukan su cika da ruwa.